Farin Yadin Baba

Daga Glenwood, Greensboro
Zuwa ga Gwaggo Sahadatu, Kumasi

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ya jikin naki? Na rubuto ne don a waya bakina nauyi yake yi.

Kin tambayi labarin Yaya Mashood. Muryar nan da kika sani tana kiran salla yana yaro, yanzu waƙar rok ta Turawa take yi. Ya bar aikin sito a Wendover, ya bar gida. Ranar Asabar na je kallon wasansa a ɓoye. Abokansa suka ɗauko shi a kafaɗa kamar gawa, naɗe cikin farin yadi. Jita tana kuka, fitilu suna juyawa har na ji jiri. Sai ya miƙe, fuskarsa rabi shuɗi rabi zinariya, ya kwarara ihu, aka yi ta watsa masa fenti. Mutane suka haukace. Gwaggo, ya iya. Amma yadin ya tsaya mini a rai.

'Yarki,
Fauzia

Gwaggo,

Ina gaisuwa, da fatan kuna lafiya.

Abin da nake tsoro ya tabbata. Baba ya buɗe akwatinsa bai ga likkafaninsa ba, wanda ya wanko da zamzam a Makka. Yaya ne ya ɗauka ranar da ya kwashe kayansa. A nan Amurka aka haife shi, bai taɓa ganin an tanadi likkafani ba, ya zaci zanen gado ne. Da na faɗa masa, zama ya yi a bakin titi.

Hoton wasan ya zaga wayoyin mutanenmu. Baba ya daina tsayawa hira a masallaci, ga hawan jininsa ya tashi. Ina so su shirya kafin Yaya ya tafi, don an gayyace shi da abokansa wasa har Kalifoniya. Na karɓo yadin na jiƙa shi a ruwan bilic na wanki, fentin ya ƙi fita.

Fauzia

Gwaggo,

Ya gida, ya yara?

Yaya ya zo jiya da wankakkiyar fuska. Ya durƙusa, ya ajiye tsohon yadin da wani sabo da ya saya. Baba bai yi faɗa ba. Ya tura masa sabon, ya ninke mai fentin a hankali ya mayar akwati. Ya ce da shi za a binne shi, kuma Mashood ne zai naɗe shi da hannunsa a gaban jama'a.

Mama ta ce yafiya ce, tunda ya kira shi jana'izarsa. Yaya ya ce hukunci ne. Da safe motarsu ta tashi, bai yi waƙa ko ɗaya ba da suna loda kaya.

Ke kika goyi Baba, ke kika san shi. Don Allah ki faɗa mini wanne yake nufi, Yaya ya ce in kira shi idan na sani.

Taki mai ƙaunarki,
Fauzia