'Yar Fari Ba Ta Kai Kuka Wurin Uwa

Zuwa ga Mai girma Shugaban kotun ɗaukaka ƙara,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri, ni tsohuwa ce daga wani ƙauye a ƙasar Guci, kakar wata yarinya da shari'arta ke gabanku. Ba zan faɗi sunanta ba, an riga an yawata shi fiye da kima.

Ranka ya daɗe, maƙwabcinmu ne ya ci zarafinta. Danga ɗaya ce ta raba gidajenmu, kuma shi ne mai kwaso yaran unguwa a amalanke idan za su dawo daga gona. Kotun farko ta saurari yarinyar, ta duba takardar likita, ta tura shi gidan kaso. Yanzu ya ɗaukaka ƙara, kuma an ce ku dosiye, wato takardun shari'ar, kuka fi dubawa. Ga abin da dosiyen bai ɗauko ba.

Na ɗaya. Aboka, wato lauya mai kare shi, ya ce da gaskiya ne, da ba ta yi makonni tana kwana ɗaki ɗaya da uwarta ba tare da ta faɗa mata ba. Ban san inda aka raini wannan bawan Allah ba. Jikata 'yar fari ce. A wurinmu uwa ba ta kiran sunan 'yar fari, ba ta hira da ita, ko tuwo za ta ba ta sai dai ta ajiye ta kau da kai. Haka uwata ta yi mini, kuma ban taɓa shakkar ƙaunarta ba. 'Yar fari wurin kaka take kai kukanta. Ni kuwa a lokacin ina Sassumbrum, wurin wankan jegon autata, sai da aka yi arba'in na dawo. Ranar da na dawo, ina tsefe mata kai, ta faɗa mini. Jirana ta yi.

Na biyu. Lauyan ya ce ta sunkuyar da kai gaban alƙali, wai alamar an kitsa mata magana ce. Ni na koya mata sunkuyar da kan nan. Da ta zuba wa babba ido, da ni za a zaga a gari.

Mun taso lokacin da yaro na kowa ne. Maƙwabci uba ne, ya tsawata maka, ya goya ka idan ƙaya ta soke ka. Muna yara mukan wuni a gonar gyaɗa, duk amalanken da ya biyo mu ɗare, ba mai tambayar na wa ne. Da wannan amanar na ce wa jikata ta riƙa bin amalankensa. Wallahi ina kewar zamanin nan, kuma raina yana ɓaci idan na ga yau yaran unguwarmu suna tafe a ƙasa cikin rana, iyaye sun hana su hawa na kowa. Jikar tawa kuwa da bakinta ba ya rabo da waƙa in tana ɓarar gyaɗa, sai bana ta yarda ta koma lakwal, wato makarantar boko.

Na uku. A kotun farko an sa uwarta ta faɗi sunan yarinyar. Tun ranar suna bakinta bai taɓa furta shi ba. Ta faɗe shi gaban jama'a. A takardarku layi ɗaya ne kawai, mu kuwa da muke wurin mun san abin da ya fito da shi.

Ba na neman a hana mutumin nan hakkinsa na ƙara. Roƙona shi ne, kafin ku auna shirun yarinyar, ku tambayi wanda ya san tarbiyyar ƙasar nan. In kuma dole sai ta sake magana, a yi a ɗaki rufe, ina kusa da ita. Idan aka sake shi saboda kunyar da muka koya mata, gidansa zai dawo, mu kuma sai mu kwashe mu bar gidan da aka kawo ni ina amarya.

Allah ya ba ku ikon yin adalci, ya tsare muku zuri'arku daga ganin irin wannan rana.

Wassalam.
Kakar yarinyar, daga ƙasar Guci.