Sallar Da Aka Yi Wa Zayyad A Dugabau

Dugabau, 3 ga Mayu

Ɗana Zayyad,

Assalamu alaikum. Ina gajiya, ya sanyin Jamus? Yayarka Badi'a lafiya, ta haihu. Gwaggo Marka ƙafar ce dai. Mahaifinka Malam ba lafiya, kuma ni ce sila.

Ka yi haƙuri da rubutuna, da furfura na koya. A waya ba na iya magana, gidan nan da kunne, sai dai in ɗauki hoton takarda in turo maka.

Wani ɗan Gwarzo ya turo hotonka mai motsi, kana kwance a kan teburin ƙarfe, an rufe ka da farin ƙyalle, Turawa na tsaye suna yarensu. Aka kira tsohuwar lambarka, shiru. Sabuwar ni kaɗai ke da ita.

Ina gani na san fim ne. Amma shekara goma sha ɗaya ina gaya wa Malam tafinta kake a asibiti, don ya rantse ba zai haifi ɗan wasan kwaikwayo ba. Na so in faɗa masa, baki ya ƙi buɗuwa. Malam ya ja ɗalibansa suka yi maka sallar gawa daga nesa. Kwana uku ina karɓar gaisuwa. Har kuka na yi, kuma ba na ƙarya ba ne.

Tun ranar bai zauna a makaranta ba. Me zan yi?

Mahaifiyarka, Hajaratu

Kolon, Jamus, 6 ga Mayu

Inna,

Wa alaikumus salam. Na durƙusa, ina gaisuwa. Sau biyu na karanta, na kasa cin abinci.

Inna, wannan mutuwata ta tara ce a fim. Na mutu ina direban tasi, na mutu ina mai gadi. A wannan ko magana ba a ba ni ba, yini guda na kwanta ina riƙe numfashi. Sunana can ƙasa yake fitowa a ƙarshen fim, bayan mutane sun tashi. Aikin ke nan, kuma ina son sa.

Ƙaryar tawa ce, ke riƙe min kika yi. Ki kai wa Baba waya in faɗa masa da bakina.

Ɗanki, Zayyad

Dugabau, 20 ga Mayu

Zayyad,

Bayan gaisuwa. Ban kai masa wayar ba. Muryar mamaci a kunnen mai hawan jini? Sati biyu ina juya maganar, har na ga an auno geron sadakar arba'in ɗinka.

Jiya na kai masa kunu na faɗa, tun daga farko. Ya daɗe yana kallon kwanon. Ya ce, "Hajaratu, kina kallo na yi kabbara huɗu a kan mai rai?" Na ce ina kallo. Duk da haka ya shanye kunun.

Da safen nan ya aiko Badi'a. Ya ce fuska a waya ba shaida ba ce, fuska ce ta kashe ka. Rubutun hannunka yake so, da ajamin da ya koya maka a zaure. In ya gane hannun, shi zai tashi a masallaci ya faɗa wa jama'a. In bai gani ba, za a yi sadakar.

Ban sani ba ko kana tuna ajami. Ni ban iya ba, balle in taimake ka.

Alhamis ce arba'in. Don Allah amsarka ta iso kafin ranar Laraba ta faɗi. Allah ya yi maka albarka.

Inna