Muryar Bayan Labule

Gummi, daren Talata, Maris 2014

Surfen gero ya gama da bayana, ko littafin soyayyar da na aro ban iya buɗewa ba.

Ɗazu ƙanwata ta nuna mini ƙawata Ramatu a waya, tana rawa cikin fim. Baki kawai take motsawa, wata ce ke waƙar. Haka muke yi a wasan kwaikwayon makaranta, ita a gaba, ni bayan labule ina rerawa. Ita ta kai Kano.

Ina wanke-wanke na gwada muryata, in ji ko ta mutu. Maigida ya dawo daga haƙar zinari, tun daga zaure ya ce, "Rage rediyon ga, kaina na ciwo."

Ban ce masa ni ce ba. Ashe tana nan.