Takardun Baba ba na hauka ba ne

Malbaza, daren Alhamis

Yau dai zan samu barci. Malama Hadiza ta jami'a ta zo, ta wuni a ɗakin Baba tana karanta littattafansa.

Shekara da shekaru, da ya taso daga lakwal, makarantar da yake koyarwa, sai ya rufe ƙofa yana lissafin yadda za a rage gudun lokaci, ko a mai da shi baya. Tun rasuwarsa Baffa Sani ke cewa a ƙone takardun, kada a ce akwai taɓin hankali a gidanmu. Ni ma, Allah ya yafe mini, na fara yarda.

Da la'asar ta fito, na tare ta. "Malama, don Allah ki gaya mini gaskiya. Mahaifina da hankalinsa?"

Ta ce, "Bai mai da lokaci baya ba, Ramatu, ba wanda ya taɓa yi. Amma aikin mai cikakken hankali ne. Inda ya kuskure, shi da kansa ya gano, ya gyara da jan biro. Ina so ɗalibaina su karanta."

Baffa yana wurin, ya ji komai. Can ya tashi, da kansa ya nemo kwali mai kyau na zuba mata takardun.

Shafi ɗaya na hana ta. Ranar da Inna ta rasu Baba yana aji, bai iske ta da rai ba. Ya rubuta, "Awa ɗaya kawai nake so." Wannan ba na ɗalibai ba ne, nawa ne.