Rigata Ta Yi Wasa a Sabon Gari, Ni Na Rasa Ladanci

Zuwa ga Mista Obi, shugaban 'yan sabon wasa na Sabon Gari.

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya, kai da duk mutanen da ka zama ranar Asabar.

Ni ne Malam Bukar, mutumin Barno, ladanin masallacin unguwarmu a Fagge, wanda ka ari koriyar rigarsa da hularsa. Ka ce mini ɗan wasa za ku yi na ilimi. Na ba ka, don kai ka gyara mana ƙofar masallaci, kuma Hausarka ta fi tawa.

Na ɗaya. Ban je ba, amma an ba ni labari. Ka hau kan durom a bakin titi, ka jibga tufafi kala-kala, kana tuɓewa ɗaya bayan ɗaya, kana tambayar jama'a ko wannan ne kai. Ka cire kwat ɗin Bature, ka kwance zanen garinku. Madalla. An haife ka a Kano, ana ce maka baƙo, ka je garinku an ce maka Bahaushe. Wallahi na tausaya maka. Sai dai ban san da rigata za a warware matsalar ba.

Na biyu. Da ka zo kaina, aikinka ya yi kyau ƙwarai. Ka zana tsagen Barebari da gawayi, ka kafa hulata, ka toshe kunne da yatsa, har ɗingishina ba ka bari ba. Sannan ka tuɓe, ka tsaya daga kai sai gajeren wando. Masu tura kura 'yan Fagge da ke komawa gida da yamma sun hango ka daga nesa. A unguwarmu mutum ɗaya ne mai wannan riga.

Na uku. Kafin gari ya waye, labari ya kai kunnen Liman cewa Ladan ya tuɓe a Sabon Gari ana yi masa tafi. Na rantse ba ni ba ne, aka ce ai an ga ɗingishin. Yanzu wani ke kiran salla, ni kuwa ina sahun baya kamar mai jiran hukunci. Tun ina saurayi nake wannan kira, kuma raina ya ɓaci matuƙa.

Roƙona ɗaya ne. Ka zo ƙofar masallaci ranar Juma'a bayan la'asar, da rigar a jikinka, ka yi ɗingishin nan gaban Liman ya gani da idonsa. Tuɓewar kam a bar ta, mun yafe.

Allah ya ƙara basira, ya nuna maka ko kai wane ne, ya sa ka gano ba tare da ka sake aron kowa ba. In ba ka zo ba, sai ka koyi kiran salla, don Fagge ta riga ta yarda ni da kai mutum ɗaya ne.

Wassalam.

Malam Bukar, Fagge.