Baitin da Ka Ɗora a Kan Kaset

Zuwa ga maigidana, inuwata in rana ta take, ruwan sanyin randata, tauraron da ya yi furfura bai rage haske ba!

Na sa takardar nan a aljihunka ne saboda kwana tara ke nan, da na ɗauko maganar Auta sai ka ɗauki sukudireba ka sunkuya cikin rediyon mutane. Takarda kuwa ba a rufe mata baki da ƙarar rediyo. Da hannuna na rubuta, ba wanda ya taya ni, sai ka karanta a hankali.

Ka tuna shekarar da kake nemana? Ka kawo mini kaset na waƙoƙin Indiya, kana tsattsafar da zufa kamar sabon tulu. Na kunna, mawaƙin yana tsaka da kukan masoyiyarsa, sai ƙat, murya ta sauya. Kai ne! Ka danna jan maɓallin ɗaukar murya ka ɗora taka a kan tasa, kana jan murya kamar iska cikin gora, har da tarin da ya sarƙe ka a ƙarshe. Wace tsuntsuwa ce ta taɓa yi mini kuka mai daɗin wannan? Ranar na ce wa innata in ba kai ba, ba kowa.

To, ga abin da ba ka sani ba. Da kaset ɗin nan ɗanmu ya koyi waƙa. Ranar Asabar da la'asar zai tsaya a zauren taro ya rera tsofaffin waƙoƙin don girmama masu su, kuma baitinka yana ciki. Ya ɗauka na mawaƙin ne! Ya ce mini duk waƙar babu inda ya kai nan taɓa zuciya, wai mutanen da sun san ciwon so. Har tarin yake yi, maigida, da hannu a ƙirji. Kicin na shige na toshe baki da mayafi.

Amma dariyar ba ta kai ciki ba. Tun da ka ce masa waƙa ba sana'a ba ce, ƙafarka kuma ba za ta taka zauren ba, ɗan nan ya rame, abinci sai dai ya yi ta juya cokali. In ya leƙo ta bayan labule bai gan ka ba fa? In muryarsa ta karye a gaban mutane, wa zai kalla?

Ka zo, sanyin idona. Ka zauna kusa da ni, ka haɗe rai son ranka, ni na san abin da ke ƙarƙashi. In ka zo, asirinka yana cikina har kabari. In ka ƙi, wallahi zan miƙe a tsakiyar taro in faɗa musu mai baitin da layin da shagonsa yake.

Ni taka ce, jiya da yau har ranar da haƙoranmu za su ƙare, ko ka zo ko ka ƙi. Amma ka zo. Na riga na gaya masa ya ajiye kujera biyu.

Matarka,
Maman Auta