Rasuwar Bature Mai Majigi da Fim ɗin da Ya Bar wa Kurayyat

Cikin alhini da miƙa lamari ga Mai Duka, Ƙungiyar Hausawa Masu Hidimar Alhazai ta Unguwar Ammariyya, Jidda, ƙarƙashin jagorancin Mai Girma Sarkin Zango Alhaji Na'ibi Usuman, ta samu labarin rasuwar amininta Mista Fintan Mulqueen, marubuci kuma mai ba da umarnin fim ɗan ƙasar Ireland, wanda muka fi sani da Bature Mai Majigi.

Marigayin ya sauka Jidda a 1963 domin shirya fim kan alhazan da suka tako daga ƙasar Hausa da ƙafa. Wata bakwai ya yi a cikinmu. A zauren Sarkin Zango ya rubuta labarin, dattawanmu goma sha ɗaya ya zaunar gaban na'ura mai ɗaukar fim suka ba da tarihin tafiyarsu, tuwon 'yar ƙungiyarmu Hajiya Dela kuma ya ci har ya iya neman ƙarin miya da Hausa. Da yake ba Musulmi ba ne, a shingen hanyar Makka yake tsayawa, ya zana wa ɗan ƙungiyarmu Malam Idris a takarda inda zai tsaya da abin da zai ɗauka, Malam Idris ya wuce da na'urar a kafaɗa.

Ba za mu ɓoye ba, ranmu ya sosu da muka karanta a wasiƙar iyalansa cewa kwafin fim ɗin guda ɗaya tak da ya ware wa Hausawan Jidda, ya yi wasiyya a miƙa shi ga 'yan uwanmu na Ƙungiyar Hausawan Unguwar Kurayyat. Yini biyu kacal ya yi a wurinsu, suka ba shi shayi, suka raka shi da kiɗa, ashe wannan ne ya zauna masa a rai. Mun yi kishi, har yanzu kuma muna yi.

Muna roƙon Allah Ya ba mai ɗakinsa, Uwargida Nora, da 'ya'yansu haƙuri da juriyar wannan babban rashi.

Wasiyya dai ba a taɓa ta, mun sani. Amma tara daga cikin dattawan nan sun riga mu gidan gaskiya, kuma ba mu da hoton ko mutum ɗaya. Don haka muna sanar da Mai Girma Alhaji Husaini, shugaban Ƙungiyar Kurayyat, cewa ranar da fim ɗin ya iso za mu zo da iyalanmu, mu yi sallama a ƙofarsa, mu nemi izinin ganin fuskokin iyayenmu.

Alhaji Abdulwahid Adamu
Kakakin Ƙungiya
Jidda, Maris 1974